Mazarin Nana Hauwa Mai Kitso

Duk wanda ya san Nana Hauwa tun tana yarinya a Tsamaye ya san ba ta iya zama wuri guda. Mahaifinta malami ne mai makaranta a zaurensa, yana kuma noma gero da dawa kamar kowa. 'Ya'yansa tara, takwas sun zauna sun yi karatu cikin natsuwa. Ita kuwa haddarta ta fi ta kowa sauri, amma ƙafarta ba ta da haƙuri. A aike ta rijiya, sai a ji labarinta a bakin fadama tana kallon masu yankan kaba. Da ƙyar da rarrashi ta sauke Alƙur'ani, shekara biyu bayan ƙanwarta.

Ta auri Kassimu tana da shekara goma sha tara, ita ta zaɓe shi da kanta. Manomi ne, mutum mai sanyin magana, wanda zai wuni bai ce uffan ba in ba a taɓa shi ba. Aure bai ɗaure ta ba. Ita ke kai abinci gona, ita ke zuwa biki ƙauyen Gangara a ƙafa da goyo a baya, ta dawo kafin magariba tana ba da labarin duk wanda ta gani a hanya. Haka ta haifi 'ya'ya huɗu.

Sai hanyoyi suka lalace da 'yan bindiga. Gonar nesa ta gagara, sannan ta kusa. Shekara bakwai ke nan da suka kwashe kayansu suka koma Sabon Birni, wani kawun Kassimu ya ba su ɗaki biyu a ƙuryar gidansa. Kassimu ya samu aikin ban ruwa a lambun albasa, yana fita da safe ya dawo da yamma. Ita aka bari da katanga huɗu da tsakar gidan da taku goma ke ƙare ta. Watannin farko ta rame. Ta share inda ta riga ta share, ta sauya wa gado wuri, ta maido shi, ta leƙa zaure ta dawo. Da ta ga abin zai taɓa mata kai, ta ɗauko kibiyar tsaga gashi da ta gada wajen uwarta ta fara kitso.

Hannunta na da kyau, shuku da kalaba duk tana yi. Matsalar ita ce kitso zama yake so, awa biyu, awa uku, kan mutum a cinyarta. Don kada ta tashi ta bar aiki a rabi, sai ta fara ba masu kitso labari. Da farko tatsuniyoyin da kowa ya sani ne. Da suka ƙare ta shiga ƙirƙiro nata, kuma a cikinsu akwai ɗaya da ya ƙi ƙarewa.

Labarin wata ƙasa ce da ta raɗa wa suna Dalmaza, inda gulbi ke gudu daga kwari ya hau tudu, mutane kuma suna gina gidajensu a cikin kututturen manyan kukoki. A ƙasar akwai wani mazari na tagulla, irin wanda mata ke kaɗin auduga da shi, sai dai shi kwanaki yake kaɗawa. In aka murza shi dama, rana ta bi hanyarta. In aka murza shi hagu, jiya ta dawo, mutum ya gyara abin da ya ɓata. Amma zaren da ya dawo da jiyar daga wani wuri yake tsinko shi. Can a wani gari sai jariri ya farka da furfura, ko gero ya bushe tun yana ƙarami bai yi kai ba, ko amarya ta shiga ɗaki ta fito tsohuwa. Saboda haka wata tsohuwa ke tsaron mazarin, kuma duk wanda ya zo nema sai ta ce masa babu wani abu mai kama da haka, zancen mutane ne kawai.

Mata suka kamu. Wadda kitsonta bai tsufa ba sai ta tsefe don ta zo ta ji inda aka kwana. Nana Hauwa kanta ba ta san inda labarin ya dosa ba. Tana tsaga gashi yana zuwar mata, wani lokaci ta kashe mutum ran Litinin ta manta, ta sake fito da shi ran Laraba, a yi mata ca, ta ce ai aikin mazari ne. Tana da wani tsohon mazarin kakarta, na icce, da gululun yumɓu a gindinsa. In labari ya kai inda za a murza na tagulla, sai ta saki gashi ta ɗauko na kakar, ta murza shi cikin 'yar tasa, ya yi ta ƙugi, ɗaki ya yi tsit.

Cikin masu zuwa akwai Malama Radiyya, mai koyarwa a wata firamare. Ita ta fara ajiye wayarta kusa da tabarma tana ɗaukar murya, wai don ƙanwarta da ke aure a Isa. Daga ƙanwar ya bazu. Kafin shekara ta zagayo, ana sauraron Nana Hauwa a Isa da Shinkafi, har wani direba ya ce ya ji muryarta a shagon tela a Maraɗi. A ɗaya daga cikin faya-fayan muryar, ana jin wata mata ta tambaya cikin raha ina mazarin yake yanzu, Nana Hauwa ta amsa tana dariya, "Ga shi nan hannuna," sannan ƙugin nan ya biyo baya. Wanda ya yanka faifan ya tura bai bar dariyar da matan suka yi daga baya ba.

Yayanta, Malam Hafizullahi, wanda ya riƙe makarantar mahaifinsu bayan rasuwarsa ya kuma taso da ita Sabon Birni, ya zo gidan wata Juma'a bayan an sauko. Ya ƙi zama, ya tsaya bakin ƙofa.

"Nana, ɗalibaina na tambaya ta ko gaskiya na akwai abin da ka maido jiya. Ban hana ki labari ba. Amma dut sadda za ki hwara, ki ce masu ƙirƙira ta."

"Yaya Malam, wa za shi yarda da gulbin da ka hawa tudu?"

"Mai ƙoshin lahiya ba shi yarda. Ba kowa ad da ita ba."

Ta ce to. Ta faɗa sau biyu ko uku a farkon labari, daga nan ta manta.

Bayan damina, wata ranar kasuwa da hantsi, wata mata ta yi sallama. Za ta kai shekara hamsin, doguwa, zanenta ya yi mata yawa kamar na aro. Ta ce sunanta Habi, daga Isa ta taso, kitso take so. Babu kowa a gidan sai tsohuwar matar kawu da ke barci a ɗaki. Nana Hauwa ta shimfiɗa tabarma a inuwar katanga, ta tsefe mata kai. Gashin ya cukurkuɗe, da gani ya yi watanni ba a taɓa shi ba. Ta shafa mai, ta fara tsagawa, ta yi ta jan ta da hira, matar ba ta amsa sai da "i" da "a'a". An kai rabin kai sannan ta yi magana, fuskarta na kallon ƙasa.

"Ɗiyata, mazarin nan, shina nan wurinki?"

Nana Hauwa ta yi dariya. "Inna, ke ma kina saurare ashe."

"Sahiya guda nike so. Ba wuni ba. Daga asuba zuwa hantsi."

Nana Hauwa ta daina dariya. Habi ta ci gaba da magana a hankali, ba kuka, kamar mai karanta abin da ta haddace. Tana da 'ya guda mace, Binta, mai aure a wani ƙauye tsallaken gulbi. Cikin watan takwas Binta ta zo ganin gida. Ranar da za ta koma an kwana ana ruwa, ta ce za ta ƙara kwana guda gulbi ya sauka. Habi ta ce a'a, kwanakin da mijinta ya ba ta sun cika, kada dangin miji su ce uwarta ce ke riƙe ta. Ta raka ta har tashar mashin, ta ɗaura mata ƙullin kuka da daddawa. Kwalekwalen da ta shiga ya kife a tsakiyar ruwa. Sai bayan kwana biyu aka same ta.

"Ni nac ce mata ta tahi. Ba kowa ba, ni. In kin murza mani, abin da za ni yi guda na, in ce mata zamna. In ko sai an tsinko zaren daga wani wuri, a tsinko daga nawa kwanakin. Ba ni bukatarsu."

Nana Hauwa ta saki gashin. Ta zagayo ta durƙusa a gabanta, ta kama hannuwanta biyu.

"Inna, ki ji ni da kyau. Wallahi babu wanga abu. Ni nay yi shi da bakina, nan inda kike zaune, don mata su bar motsi in gama kitso. Babu Dalmaza. Babu mazarin tagulla. Allah Shi jiƙan Binta, kwananta ya ƙare."

Habi ta ɗago ta dube ta, har da ɗan murmushi. "Na san haka za ki ce. Tsohuwar ma haka taka cewa."

Duk rantsuwar da Nana Hauwa za ta yi, ita da kanta ta riga ta sa irinta a bakin tsohuwar labari. Ta tashi da gudu ta shiga ɗaki, ta ɗauko mazarin kakarta, ta danƙa mata a hannu.

"Duba. Icce na. Ga inda gara tac ci shi. Shi na kinka ji cikin waya."

Habi ta juya shi, ta shafa gululun da babban yatsa, ta ce tana jin ƙishirwa. Randar ruwansu tana can cikin madafa. Kafin Nana Hauwa ta wanke moɗa ta ɗebo ruwa ta dawo, tabarma babu kowa, ba Habi ba mazarin. Ta fita har titi ba mayafi, ta kutsa cikin 'yan kasuwa da amalanke da awaki, ta kai tasha. Motar Isa ta riga ta tashi.

Kwana uku ba ta ba da labari ba. Ta tsaga kan wata mata a karkace har sau biyu, ta ce ta yi haƙuri ta dawo wani sati. Ta ɗora tukunya ta manta gishiri. Da Kassimu ya dawo daga lambu a rana ta uku ya tarar da ita tana zagaya tsakar gida, ya ajiye fartanyarsa ya ce, "Nana, icce na hwa. In don na kakarki na, mu sa a sassaƙa wani."

"Ba iccen ad damuwata ba. Matar nan tana can tana murza shi. Na sani kamar ina ganinta."

Washegari da sassafe Kassimu ya sa rigarsa ta fita, ya ce ta ɗauko mayafi.

Tafiyar Isa ba ta da nisa, amma ba wanda ke yin ta da kwanciyar rai. Mota ta cika, ba mai hira, kowa idonsa na kan dajin gefen hanya. Nana Hauwa, da ta yi shekaru tana begen ta ga fili, ba ta ga komai ba ranar. A Isa ƙanwar Malama Radiyya ta taimaka masu. Ba a sha wuya ba, don duk unguwar ta san matar da 'yarta ta nutse. Kassimu ya tsaya a zaure wajen mijin Habi, wani dattijo mai ɗinkin hula da ya amsa gaisuwa bai ɗago kai ba. Nana Hauwa ta shiga ciki.

Mata biyar ko shida ne a tsakar gidan, maƙwabta da dangi. Da ta yi sallama wata ta gane muryar.

"Ke ta! Ke ta mai mazari!"

Suka taso mata. Wata ta ce kwana huɗu ke nan Habi ba ta ci komai ba sai ruwa, salla kawai ke tashe ta daga wurin. Wata ta ce an kawo malami ya yi mata nasiha, ta saurare shi tsaf, yana fita ta koma. Sun gwada ƙwace abin, ta yi ihu har maza suka shigo. Wata tsohuwa ta nuna Nana Hauwa da yatsa ta ce da ma tana samun sauƙi, har ta fara zuwa bikin suna, kafin wannan faifai ya shigo gidan. Nana Hauwa ba ta kare kanta ba. Ta ce a nuna mata ɗakin.

Habi na zaune a ƙasa, ƙafafu a miƙe, kwanon sha a tsakaninsu. Kanta ba ɗankwali, rabi a kitse rabi a tsefe, yadda ta gudu da shi. Tana murza mazarin hagu, ya juya ya juya ya faɗi, ta ɗauka ta sake. Yatsunta biyu sun yi kanta sun fashe. Ta dubi mai shigowa ba mamaki.

"Kin zo. Akwai abin da ba ni yi daidai. Ko akwai kalmar da aka hwaɗi?"

Nana Hauwa ta zo da maganganu da yawa da ta tsara a mota. Ba ta faɗi ko ɗaya ba. Ta zauna a bayanta, ta jawo kanta zuwa cinyarta, ta zaro kibiya daga ƙullin zanenta ta ci gaba daga inda ta tsaya. Habi ba ta hana ba, hannunta dai bai daina murzawa ba. Sai da aka yi layi uku Nana Hauwa ta ce, "Inna, Binta wane kitso taka so?"

Habi ta ce, "Kalaba. Ba ta son mai zahi. Tun tana ƙarama sai an bi ta da ƙuli."

"Doguwa ta kamar ke?"

"Gajera. Ubanta ta biyo."

Ta yi ta tambaya, Habi na amsawa, daga kalma biyu zuwa dogon zance. Yadda Binta ke tsoron kaji. Yadda ta taɓa ƙona tuwo ranar da dangin miji suka fara zuwa. Cewa tana da cikin wata huɗu, abin da Habi ba ta gaya wa kowa ba sai yau. A nan muryarta ta karye, mazarin ya faɗi cikin kwano, ba ta ɗauka ba.

Nana Hauwa ta ce, "Kakata ta yi shekara arba'in tana kaɗi da shi. Ta binne ɗiya ukku. Da shina maido wani abu, da ta maido su."

Habi ta yi kuka irin wanda ke fitowa daga ciki, har matan waje suka cika bakin ƙofa. Da ya lafa ta tashi zaune, ta juyo. Idonta ja, babu godiya a cikinsa.

"To don mi kinka yi shi? Don mi za ki zamna ki yi ma mutane ƙarya mai daɗi haka?"

Nana Hauwa ta ce, "Ban sani ba, Inna. Ki yahe mani."

Habi ba ta ce ta yafe ba. Amma da aka kawo kunu ta karɓa ta sha rabi. Nana Hauwa ta ƙarasa layin ƙarshe, ta ɗaura mata ɗankwali, ta fito. Mazarin ta bar shi a can, ba ta tambaya ba, ba a kuma ba ta ba.

Da suka dawo ta sa Malama Radiyya ta ɗauki muryarta tana bayani filla-filla cewa duk abin ƙirƙira ne. Wannan faifan bai yi nisa ba. Har sau biyu bayan haka wasu maza suka tare Kassimu a lambu suna tambaya a asirce, ɗaya ma ya ce ya ji a kufan tsohon birnin Alkalawa aka tono mazarin. Kassimu ya ba su haƙuri ya koma kan ban ruwansa. Labarin Dalmaza kuwa ta datse shi a zama guda. Ta sa tsohuwar ta kai mazarin maƙera aka narka shi aka yi cokula. Masu saurare suka ji haushi ƙwarai, wasu suka ce ta raina masu hankali, da yawa suka koma wajen wata mai kitso a bayan kasuwa. Malam Hafizullahi bai taɓa tayar da zancen ba.

Yanzu shekarunta arba'in da ɗaya. Tana kitso, tana hira, takan ba da tatsuniya in yara sun matsa, amma da ta ga waya kusa da tabarma sai ta yi shiru. Rashin zaman nan yana nan. Bara wata ƙungiyar mata a Isa ta nemi mai koya wa zawarawa da matan da aka raba da ƙauyukansu sana'ar kitso, sau biyu a sati. Mata uku aka yi wa tayi suka ƙi saboda hanya. Nana Hauwa ta karɓa tun kafin ta shawarci Kassimu, shi kuma ya yi kwana biyu yana fushi sannan ya bari.

A satinta na farko, da aka tashi, ta bi ta unguwar su Habi. Ƙofar gidan a kulle take da kwaɗo. Wata maƙwabciya mai tallan awara ta ce sun koma Maraɗi wajen ɗansu tun bayan salla. Ta ce wani da ya je ya ga Habi ya ba da labarin tana soya gyaɗa a ƙofar gida, har ta yi ƙiba, kuma matar ɗan ta haihu, Habi ce ke wankan jego. Nana Hauwa ta so ta ƙara tambaya, sai ta ji an fara kiran la'asar. Direbobin Sabon Birni ba sa ɗaukar hanya in rana ta yi sanyi. Ta yi wa matar godiya, ta tattare mayafinta, ta nufi tasha da sauri har tana haɗawa da gudu.